Fuskar Baba a Ƙarƙashin Malfa

Shekarar da 'yan fim suka zo ƙauyenmu, can gefen Bagwai, wasan barkwanci suke ɗauka a kan 'yan siyasa. Suna neman dattijon manomi, sai suka tarar da mahaifinmu a gonar gyaɗa, suka lallaɓa shi. Aikinsa kawai ya tsaya gaban ɗan takarar wasan, ya gaya masa ido da ido cewa ƙarya yake yi.

Fim ya fito, babu Baba a ciki. Sa'o'insa suka samu abin tsokana, har a ƙofar masallaci jarumi suke ce masa. Shi murmushi kawai yake yi, bai taɓa faɗin abin da ya faru ba. Ni haushi ya ishe ni, don ni na cika gari da labarin.

Bayan kaka zazzaɓi ya kwantar da shi, bai tashi ba. Gidan nan kaf babu hotonsa sai na katin zaɓe, wanda ya koɗe har ba a gane kowa. Inna tana cikin takaba, mai tura finafinai a waya ya tare ni a kasuwa. Ya ce an sake sakin fim ɗin, dogon, har da wuraren da aka yanke, kuma ya ga Baba.

Inna ba ta kallon fim. Amma da na gaya mata, ta ce, "Kawo in ga fuskarsa."

Na je aka tura mini a waya, muka zauna a tabarmar ɗakinta. Ga shi kuwa, da rigar gonarsa da malfa. Ɗan takarar wasan ya fito daga mota cikin babbar riga. Baba ya san sarai wasa ne, amma tun tasowarsa durƙusa wa manya yake yi, jikinsa ya saba. Ya cire takalmi, ya durƙusa, ya sunkuyar da kai.

"Ranka ya daɗe," in ji shi.

Ana jiyo dariyar masu ɗauka, wani yana cewa, "Baba, tashi, faɗa za ka yi masa." Bai tashi ba, kuma malfar ta rufe fuskar gaba ɗaya. Shi ya sa suka yanke wurin, yanzu kuma suka mayar da shi don a yi dariya. Na so in kashe wayar.

Inna ta ce in mayar baya. Na mayar. Ta karkata wayar, ta sunkuya tana leƙen ƙarƙashin malfar.

"Malam," ta ce a hankali, "ɗago mana."