Ranar da Gwaggo Halima ta kifar da tsamiya

Ranar Laraba ce a tsakiyar watan Agusta, shekarar da na shiga aji huɗu, Gwaggo Halima ta faɗo gidanmu da takalmanta a hannu, taɓo har gwiwa. An kwana ana ruwa, baƙar ƙasar yankinmu na Jazira ta jiƙe sharkaf, ba makaranta, ba zuwa gona. Ta tarar da ni durƙushe a rumfa gaban gadon igiya ina ɗura wa yayata Nafisa ruwan tsamiya, matan unguwa sun kewaye mu suna ta sannu, ga tulunan roba bakwai a jere jikin katanga, kowanne da mai shi a zaune. Gwaggo ba ta yi sallama ba, ba ta gaida kowa ba. Ta sunkuya ta kai hancinta bakin Nafisa, ta daɗe a haka, sannan ta miƙe ta fizge kofin da ke hannuna ta watsar. Daga nan ta bi tulunan ɗaya bayan ɗaya tana kifarwa a tsakar gida a kan idon masu su. A raina na ce yau kam Gwaggo ta zare.

Ƙauyenmu yana yamma da garin Managil, a bakin wata tur'a, wato babbar hanyar ruwan da ke shayar da gonaki. A nan rayuwarmu take. Da sassafe ni da Nafisa mu kora jaki mu ɗebo ruwa, mu dawo mu yi shara, Inna ta ɗaure mana kisra, wato siririyar wainar dawa, da 'yar miya a leda mu kama hanyar makaranta. A aji Larabci, a hanya Hausa, in faɗa ya tashi kuwa duka biyun ake haɗawa. Da damina mu taya Baba cire ciyawa a gonar gyaɗa, da kaka mu kori tsuntsaye daga dawa da gwangwani da tsakuwa, lokacin tsinkar auduga kuma a ba kowa buhunsa. Nafisa ta girme ni da shekara huɗu, kuma babu abin da ba ta fi ni ba sai surutu. Ita ke cinye ni a carafke, ita ke ba da waƙa a gaɗa, ita ke yi mini kitso tana ranƙwashina in na motsa. Ina jin haushinta kullum, amma inda duk ta sa ƙafa nan nake sa tawa.

Tana shekara goma sha biyu aka gano tana da ciwon sukari, irin wanda ke kama yara, wanda ba shi da magani sai allurar insulin safe da yamma. Da yake ba mu da wuta balle firij, Inna ta saka kwalbar a ƙaramin gwangwani ta binne shi cikin jiƙaƙƙen yashi a gindin randa, inda ruwa ke ɗiga. Ma'aikacin lafiyar da ya koya mana allurar ya ja wa Baba kunne da magana guda: in an yi allura, lallai ta ci abinci, in ba haka ba sukarinta zai faɗi ta suma. Baba mutum ne mai riƙe magana kamar karatun allo. Ya riƙe wannan gam, har ya juya ta da kansa ta koma doka: ba ci, ba allura. Babu wanda ya gaya masa abin da ake yi ranar da mai ciwon ya kwanta ya kasa cin komai.

To, ranar ta zo. Zazzaɓi ya kama Nafisa ran Lahadi, ta ƙi tuwo, ta ƙi kunu, sai Baba ya ce a dakata da allura har ta fara ci. A garinmu kuwa kowane zazzaɓin damina malariya ne, kuma maganin malariya na farko tsamiya ce, aradeb in ji Larabawa, a jiƙa ta a zuba mata sukari da hannu sake. Ba a zuwa dubiya hannu rabbana. Kowace mace ta zo da tulunta, kuma abin kunya ne a mayar wa mutum da abin da ya kawo, ko a bar shi bai ga an kurɓa ba. Inna ta ɗan yi ƙorafin sukarin, aka ce mata ai yarinyar ba ta ci komai ba, da me za ta tsaya? Aikin shayarwa ya faɗo kaina, ni kuwa na karɓe shi da alfahari. Nafisa tana kukan ƙishirwa, ina cika kofi. Ta sha ta amayar, in sake cikawa. Ta yi ta fita fitsari har ƙafafunta suka daina ɗaukarta, ta koma riƙe ciki tana murƙususu. Kwana uku ina wannan hidima, ina jin daɗi ana cewa Zainabu akwai tausayin 'yar'uwa.

Gwaggo Halima yayar Baba ce, gajeruwa, mai faɗa, ba ta taɓa zama a aji ba. Tun rasuwar mijinta take sayar da shayi da godogodo, furar geronmu ta nan, a ƙofar asibitin Managil. Shekara da shekaru tana kai wa masu jinya shayi har bakin gado, tana ganin wanda aka shigo da shi a kwance da wanda aka fitar a lulluɓe, tana kasa kunne in likitoci suna magana a kan bencinta. Baba yakan tsokane ta da "Dakta Halima", ya ce zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Ita kuma ta ce, "Ni ban yi karatu ba, amma hancina ya yi." Wani direba ɗan garinmu ne ya gaya mata 'yar ƙanenta Usumanu na kwance, ta rufe tukunyarta ta hau mota zuwa inda hanya ta ƙare, sauran ta tako da ƙafa.

Abin da ta shinshina a bakin Nafisa ni ma na ji shi tun jiya, wani wari mai zaƙi-zaƙi kamar gwaibar da ta nuna ta wuce, na ɗauka tsamiyar ce. Numfashin ma na ji, dogo mai zurfi, tana ja tana saki kamar wadda ta yi tsere, alhali tana kwance, ido a lumshe, leɓe a bushe. Da Gwaggo ta gama da tuluna ta juya ga Inna ta tambayi kwana nawa rabon yarinyar da allura. Inna ta ce uku. Sai ta ƙwala wa Baba kira da sunansa, ta ce, "Usumanu, ɗauro karo yanzu-yanzu. Wagga ba malariya kaɗai ba ta, sukkari na ya hau kanta. In ta kai la'asar a gidanga, kalas, tata ta ƙare." Baba ya fara cewa a bari ƙasa ta sha iska zuwa gobe, wata tsohuwa kuma ta ce tun da take ba a taɓa zubar mata da abin hannunta ba. Gwaggo ta ce gobe ta zo ta zage ta, za ta shimfiɗa mata tabarma.

Karo keken jaki ne mai ƙafa biyu, kuma a irin wannan taɓo ba ya tafiya sai ta kan gaɓar tur'a, inda ƙasa ta ɗan yi tudu. Aka shimfiɗa Nafisa, Inna ta riƙe kanta, ni na maƙale a gefe don na yi rantsuwa ba za a bar ni ba. Gwaggo ba ta hau ba. Ta ɗaure mayafinta a ƙugu tana tura keken tare da Baba, in taɓo ya cushe ƙafar ta sa hannu ta ƙwaƙule. Lokaci-lokaci ta zo ta ɗiga wa Nafisa ruwan randa zalla a baki, ta kira sunanta da ƙarfi, ta ce mini in yi ta yi mata surutu kada in bari ta yi nisa. Karon farko ke nan da aka roƙe ni in yi surutu, sai ga shi na rasa abin faɗa, na koma rera mata waƙoƙin gaɗarta ina kuka. Da muka kai hanyar mota Gwaggo ta tsaya a tsakiyar titi ta ware hannuwa, wata motar ɗaukar albasa ta tsaya don dole.

A asibiti ba ta bi layi ba, don babu mai gadin da bai sha shayinta ba. Kafin azahar an ɗaura wa Nafisa ruwa a hannu biyu, ana sa mata insulin a hankali, ana ɗibar jininta a kai a kai. Likitar, wata doguwar mace mai tabarau, ta yi wa Baba bayani da Larabci. Ta ce jikin da ba insulin ba ya iya cin sukarin da ke cikin jininsa, sai ya koma ƙona kitse, ƙonawar kuma ta bar wani dafi mai tsami da ke taruwa a jini. Shi ne warin, shi ne aman, shi ne wannan numfashi. Ta ce mai irin wannan ciwo in zazzaɓi ya kama shi ya fi bukatar allurarsa, ko bai ci ba, sai dai a zo a tambayi yadda za a auna ta. Sannan ranta ya ɓaci, ta ɗaga murya ta ce wa ya yi ta ɗura wa yarinyar nan sukari kwana uku? A nan na gane abin da hannuna ya yi, na buɗe baki zan ce ni ce, sai na ji tafin Gwaggo, da busasshen taɓo a jikinsa, ya sauka a kaina ya danne. Ta ce, "Mu duka ne, ya dakta. Gari guda ne ya ba ta, don yana son ta."

Nafisa ta buɗe ido ta gane mu washegari da hantsi, abin da ta fara cewa kuma wai wa ya taɓa mata 'yan carafkenta. Kwana shida muka yi. Da muka koma, Gwaggo ta bi gidajen nan bakwai da ƙullin ganyen shayi tana ba da haƙuri, tana kuma ƙara musu da cewa in an sake za ta sake. Daga shekarar aka fara tambaya a garinmu kafin a zuba wa mara lafiya sukari. Baba bai daina ce mata Dakta ba, sai dai ya daina dariya in ya faɗa.

Yau Nafisa malamar makaranta ce mai 'ya'ya uku, tana da ɗan abin gwada sukari a jakarta, tana kuma iya tambayar likita ta waya. Yaƙi ya watsa mu, ita tana wani gari ni ina wani, tur'ar da muka yi wasa a bakinta ban san halin da take ciki ba. Mun fi mutanen wancan zamani sani nesa ba kusa ba, amma ban ga wanda zai tako taɓo don 'yar ƙanensa ya ɓata da unguwa guda kafin ya zauna ba. Sai da na yi aure na haihu na iya tambayar Gwaggo, tana kwance cikin ciwonta na ƙarshe, me ya sa ta hana ni magana a gaban likita. Ta harare ni kamar na yi tambayar wauta, ta ce, "Na tai in ceto ɗiya guda, sai in baro guda a can?" Allah ya jiƙanta. Nafisa ta san ranar da aka ceci ranta, ni kuwa sai da na girma na san tawa ranar ce ita ma.