Abiba da Marayun Fim ɗin Misis Roza

Abiba 'yar unguwar Nima ce ta birnin Akara, maƙwabciyata a unguwar Highbridge ta New York, kuma ban taɓa ganin macen da ta tsani a bar abinci a kwano kamarta ba. Shekara shida tana hawa jirgin ƙasa da na ruwa zuwa unguwar St. George, inda take kula da Misis Roza, wata tsohuwar Baturiya mai shekara casa'in da ɗaya.

A 2016 tsohuwar ta daina cin abinci. 'Yarta ta yanke magana: in ba ta ƙara nauyi cikin wata guda ba, gidan tsofaffi za a kai ta. Ita kuwa tsohuwar, gara mata mutuwa da wannan gida.

Ba abin da ke sa ta ɗaga kai sai finafinan zamanin iyayenta, marasa kala, waɗanda ba a magana a ciki. Marayu ne ba takalmi, suna leƙen burodi ta gilashin shago. Ranar da Abiba ta fara zama kallo, ba ta yi minti goma ba ta miƙe tsaye.

"Nan New York ne? Wallahi? Yaro na jin yunwa, mai kamara na tsaye, ko bread bai iya saya mai?"

Da yake 'yan fim ɗin ba su da baki, sai ta ara musu nata. Ta zagi mai shago da Hausa, ta zagi ɗan sanda da yaren Twi, ta ja wa mai gidan haya Allah ya isa. Tsohuwa ta yi dariya har da hawaye. Nan Abiba ta tura mata wake da shinkafa, ta haɗe rai, ta ce da Turanci, "Ci, Mama. Yara na fama da yunwa a Amurka."

Abiba ta ce min tun zuwanta ƙasar nan take jin iyaye na ɗura wa 'ya'yansu abinci suna cewa yara na fama da yunwa a Afirka, ranar ta rama.

Suka yi doka: duk marayan da ya fito, cokali biyar. Finafinan nan kuwa ba sa rowar marayu.

Da wata ya cika aka ɗora tsohuwa a ma'auni, ta ƙara fam huɗu. Bayan shekara biyu ta rasu a ɗakinta, kan gadonta, Abiba na riƙe da hannunta. Har yau in ta kawo nan a labarin sai ta yi kuka, ni ma in taya ta.