Saurayin Da Ya Haddace Littafin Kodin

Wata rana wani saurayi a Funtuwa, mai suna Rayyanu, ya tura wa wata injiniyar kwamfuta tambaya a Fesbuk.

Tambayar da kowa yake yi ce: "Ranki ya daɗe, wane littafi zan karanta in iya kodin?"

Matar, Injiniya Suwaiba, tana aiki da wani kamfanin ƙera manhaja a Kaduna, kuma tana cikin mutanen nan da ba sa ƙyashin amsa wa wanda ba su sani ba.

Ta ba shi sunayen littattafai uku.

Na farko siriri ne, na manɗiƙi, wato ilimin tsara tunani da hujja. Na biyu ƙato ne, na koyon kodin, wato rubuta manhajar kwamfuta. Na uku yana bayanin yadda kwamfuta take aiki daga cikinta.

Sai ta ƙara da cewa bayan damina kamfaninsu zai ɗauki mutum ɗaya ya horar da shi. In ya shirya, ya zo a gwada shi.

Mutum ɗaya tak.

Rayyanu kuwa tsaron shagon kawunsa yake yi, Kawu Ila mai kayan gini, wanda ya riƙe shi tun yana ƙarami. Ya je ya durƙusa ya roƙi a ɗaga masa ƙafa ya yi karatu.

Kawu Ila ba mai dogon zance ba ne.

"Na ba ka daga nan zuwa kaka. In sun ɗauke ka, Allah ya sa albarka. In ba su ɗauke ka ba, ka dawo ka zauna a shagon nan, kuma kar in ƙara jin zancen kwamfuta a bakinka."

"Na yarda, Kawu."

Ya yarda ko gezau bai yi ba, domin yana da abin da ya dogara da shi.

Allah ya yi wa Rayyanu baiwar hadda.

Duk abin da ya bi ta idonsa sau biyu ya zauna ke nan. A sakandare yakan mayar wa malami da darasinsa a takardar jarrabawa kalma da kalma, saura kaɗan ya rubuta har wurin da malamin ya yi tari. Abokansa Rakoda suke ce masa.

Bai taɓa faɗuwa jarrabawa ba. To me zai sa ya ji tsoron wannan?

Ya samo littattafan ya fara buɗe siririn. Ya ga wasu tambayoyi masu kama da kacici-kacici: idan kaza gaskiya ne, kaza kuma ƙarya ne, to mene ne hukuncin kaza?

Ya ja tsaki.

Shi da ke neman aiki a kamfani za a zaunar yana wasa ƙwaƙwalwa? Ya tokare taga da littafin, don da ma iska tana yawan buga ta.

Na ukun ya kalli hotunansa ya ajiye.

Sai ya jawo ƙaton. Wannan ne littafi, in ji shi, wanda in ka ɗauka ka san ka ɗauki ilimi.

Ya shiga karanta shi ta hanyar da ya sani tun yana yaro. Da safe ƙari, da yamma bita.

Ka gan shi yana kai da komo a tsakar gida, hannu a baya, yana gyaɗa kai yana karanto har alamomin rubutun kodin: "Buɗe baka, rufe baka, waƙafi mai ruwa."

Matar kawunsa ta ɗauka wani sabon wuridi ya samo, har ta hana yara yin surutu kusa da shi.

Ya ari laftof a wurin wani abokinsa. Duk misalin da ke cikin littafin yakan buga shi daga kansa, harafi da harafi, ya danna, ya yi aiki. Sai ya ji wani sanyi a ransa ya wuce gaba.

A ƙarshen kowane babi akwai tambayoyin gwaji, waɗanda marubucin bai ba da amsarsu ba.

Waɗannan tsallake su yake yi.

Ba lalaci ba ne, ku fahimce ni. Yaron nan ya fi da yawanmu ƙwazo. Shi dai bai ga abin haddacewa a tambayar da ba ta da amsa ba.

Kuma kar ku yi saurin yi masa dariya. Nawa ne a cikinmu suka fito tun daga firamare har jami'a da wannan dabarar? Abin da malami ya zuba mana shi muke juye masa, a tafa mana, mu wuce.

Kafin a fara girbin dawa, Rayyanu ya sauke littafin nan tas.

Ranar gwaji ta zo. Ranar wanka kuwa ba a ɓoyon cibi.

Ya hau mota a tasha da sassafe, yana bita a ransa har Kaduna. Bai ga hanya ba, bai ji hirar fasinjoji ba.

A ofishin ya tarar da masu nema irinsa, kowa da kwamfuta a gabansa. Injiniya Suwaiba ta shigo, 'yar siririya mai tabarau, ba ta da hayaniya.

Aka fara da tambayoyin baka.

Nan fa Rayyanu ya samu filinsa. Kafin ta rufe baki ya kawo amsa, da lambar babi da lambar shafi. Sauran suka fara kallon juna.

Ita kanta sai da ta cire tabarau ta dube shi da kyau.

"Malam Rayyanu, duka littafin ka haddace?"

"Har fihirisa, ranki ya daɗe."

Ba ta yaba ba, ba ta kushe ba. Kallonsa kawai take yi irin na wanda ya ga abin da bai taɓa gani ba yana son ya san yadda yake aiki.

Sai aka zo aikin hannu.

Ta ce: "A tasha motoci layi suke bi. Wadda ta riga zuwa ita ke fara lodi. Ku rubuta mini manhajar da za ta riƙa faɗa wa ɗan kamasho motar da ke kan layi."

Rayyanu ya yi murmushi. Akwai babi guda a kan tsarin layi, kuma yana kansa daram. Ya zazzago shi, ya danna, ya yi aiki.

Ya leƙa kwamfutar wata budurwa da ke zaune kusa da shi. Fuskar kwamfutar cike take da jan rubutu, irin wanda na'ura ke fitarwa in an yi kuskure. Tana tauna bayan biro tana yi wa kwamfutar magana ƙasa-ƙasa: "To ke kuma yanzu me na yi miki?"

Ta ba shi tausayi. Shi tun da ya fara, kwamfuta ba ta taɓa nuna masa ja ba.

Injiniya ta zo ta tsaya a bayansa, ta duba, ta gyaɗa kai.

"Madalla. To ga shi direban da ke kan layi ya tafi sallah. Ka san al'adar tasha: ba a cire shi, ba a kuma tsayar da lodi a jira shi. Na bayansa zai yi lodi, shi kuwa in ya dawo matsayinsa yana nan. Ƙara mini wannan."

Rayyanu ya rufe ido ya buɗe babin a ransa.

Ya bi shi shafi-shafi.

Babu direba. Babu sallah.

Ya duba babin gaba, ya koma na baya. Wanda ya rubuta littafin nan bai taɓa taka ƙafarsa tashar Funtuwa ba.

Ya ɗago kai a hankali.

"Ranki ya daɗe, wannan ba ya cikin littafin."

"Na sani. Da yana ciki, ai da littafin muka ɗauka aiki."

Ta wuce wurin na gaba.

Ba da gatse ta faɗa ba, amma maganar ta shige shi har ƙashi.

Ya yi ƙoƙari, kar a zalunce shi. Ya sa hannu ya canza layi ɗaya, ya danna.

Jan rubutu ya fito.

Ya janye hannunsa kamar wanda ya taɓa murfin tukunya a kan wuta.

A karatun da ya tashi da shi, kuskure abin kunya ne. In aka gyara maka a gaban jama'a sai ka kwana kana jin ciwo. Don haka ko karanta jan rubutun bai yi ba. Ya goge abin da ya ƙara da sauri, ya mayar da na littafi, ya zauna yana kallon aikin da ke tafiya daidai amma bai amsa tambayar da aka yi ba.

Lokaci ya ƙare.

Budurwar nan mai jan allo ba ta gama ba ita ma. Amma direbanta yana tafiya sallah ya dawo, ko da yake wani lokacin yakan dawo a bayan layi.

Ita aka ɗauka.

A bakin ƙofa Rayyanu ya tari Injiniya, ya tambaye ta wane littafi zai ƙara. Ta ce babu ƙari. Ta ce ya koma kan siririn, da tambayoyin ƙarshen babi.

Ya koma Funtuwa zuciyarsa a jagule. Abin da ya fi ba shi tsoro shi ne haɗuwa da Kawu.

Kawu Ila ya saurare shi har ya gama. Bai yi masa gori ba, kuma da ma gorin ya yi da ya fi sauƙi.

"Allah ya sa haka shi ne mafi alheri. Gobe akwai saukar siminti, ka fito da wuri."

Shi ke nan.

Rayyanu ya yi baƙin ciki ba kaɗan ba. Ya mayar wa abokinsa laftof, ya koma bayan kanta, ya kuma cika alkawari. Kalmar kwamfuta ba ta ƙara fitowa daga bakinsa ba.

Sai dai akwai wanda ya ƙi barinsa ya huta.

Direban nan.

Yana auna ƙusa, direban yana sallah. Yana ƙirga kwanon rufi, direban yana sallah. A cikin kan Rayyanu bawan Allahn nan har yanzu bai sallame ba.

Ba neman aiki ne ke damunsa yanzu ba, wannan ya wuce. So kawai yake ya san ta yaya ake yi.

Wata azahar kasuwa ta yi sanyi, ya ɗebo ƙusoshi ya jera su a kan kanta. Kowace ƙusa mota ce. Ya samo wata lanƙwasasshiya ya sa a gaba, ya ce wannan ne ya tafi sallah.

Ya cire ta gefe. To in ta dawo ina za ta shiga?

Ya mayar da ita. To ta yaya na baya zai wuce?

Ya daɗe yana tura ƙusoshi gaba da baya. Can sai ya tsaya cak.

Ashe ba sai an cire shi ba. Alama za a yi masa kawai. Idan na gaba yana da alama, a duba na bayansa. In ba shi da ita, ya yi lodi.

Idan kaza, to kaza. In ba haka ba, kaza.

Ya tuna inda ya taɓa ganin irin wannan magana. Da ya koma gida ya zaro siririn littafin daga taga, ruwan damina duk ya kumbura shi.

Ya sauke wata manhajar rubuta kodin a wayarsa, ya riƙa gwadawa tsakanin mai saye da mai saye. Jan rubutu ya fito, gabansa ya faɗi kamar ranar gwaji. Amma babu mai kallonsa, sai ya daure ya karanta.

Abin mamaki, ba zagi ba ne. Kwatance ne. Yana faɗa maka layin da ka yi tuntuɓe da abin da ka manta.

Ya gyara, wani ya fito. Ya gyara wannan ma.

Ranar da abin ya yi aiki, rubutun nasa ba shi da kyan gani ko kaɗan, duk a karkace. Amma babu layi ɗaya a ciki da ya haddato daga wani wuri.

Ya tura wa Injiniya Suwaiba, ba don yana sa ran komai ba.

Bayan la'asar amsa ta shigo: "Ya yi. To idan duk direbobin suka tafi sallar Juma'a fa?"

Ya gwada. Manhajar ta shiga neman direban da ba shi da alama, ta zaga layi ta sake zagawa, ba ta samu ba kuma ba ta tsaya ba, har wayar ta sandare a hannunsa.

Rayyanu ya tuntsire da dariya, har wani mai sayen fenti ya juyo yana kallonsa.

Kawu Ila ya leƙo daga ciki. "Kai kuma lafiya?"

"Lafiya lau, Kawu."

Ya sallami mai fenti, ya sake jera ƙusoshinsa, wannan karon duka lanƙwasassu.

Kujerar Kaduna ta tafi, tana hannun mai ita. Rayyanu yana nan a shago yana sauke siminti, kuma babu wanda ya yi masa alkawarin wata dama.

Amma ranar ce karo na farko a rayuwarsa da aka yi masa tambayar da bai san amsarta ba, ya ji daɗi maimakon tsoro.

Darasi:

Hadda baiwa ce, kuma akwai karatun da ita ce haƙƙinsa, wanda ba a taɓa masa ko wasali ɗaya. Amma littafin kodin da na manɗiƙi ba don a adana su a ka aka rubuta su ba. An rubuta su ne don ka taɓa, ka ɓata, ka gyara. In kana tambayar wane littafi ya fi kyau, duba wanda ke hannunka tukuna. Tambayoyin da kake tsallakewa a ƙarshen babi, nan karatun yake.

In ka san wani da ke ta tara littattafai ko yana haddace su bai taɓa bari kwamfuta ta nuna masa ja ba, tura masa wannan tun kafin ranar gwajinsa ta zo.