Shekarar da Kaka Ta Dafa Jar Dibyaza da Idona

Har yau, in na jefa kanumfari cikin ruwan zoborodo mai tafasa, sai in ji ni a tsohon gidanmu na unguwar Ruwais a Jidda, tsugune gaban kakata, gumi yana bin bayana. Ƙamshin nan ba ya sallama. Ta hanci yake shiga ya zauna a ƙirji, ya tono mini shekarar da aka so raba tsohuwa da tukunyarta, ta ce ba ta san zancen ba.

In ba ka taɓa karyawa da safiyar ƙaramar Sallah a Jidda ba, bari in gaya maka mene ne dibyaza. Haɗi ne mai kauri da zaƙi, ana dafa shi da ƙamaruddin, wato busasshen ɗan itacen mishmish da aka shimfiɗe kamar fata, a zuba dabino da lauz, wata ƙwaya mai kama da gyaɗa, a ci da burodi bayan an sauko daga idi. Kowane gida da nasa, kuma duk launin zuma ne. Namu kaɗai ne ja a lungun. Mahaifiyar kakata, wadda ta zo hajji ta Sudan ba ta koma ba, ita ta fara shi. Ƙamaruddin ya fi ƙarfinta, sai ta dubi zoborodon da ta sani tun gida ta ce ai shi ma ɗa ne. Ta haɗa shi da citta, kirfa, kanumfari, hel da dabino, ta watsa soyayyar gyaɗa a kai. Abin da rashi ya haifa ya zama abin tinƙahon gidanmu, har maƙwabta sukan aiko da kwano tun kafin a ga wata.

Girkin yana da ƙa'ida. Da hantsi ake yin sa, ana gab da Sallah, domin murhun gas ɗinmu baki biyu gare shi, daga la'asar na romon shurba ne da sambusa na buɗa baki, da dare kuma na sahur. Sai kuma ya kwana a rufe kafin kayan ƙamshin su saki jiki, kuma in ya huce ba ya karɓar gyara. Ke nan mai girkin tana azumi, ba ta ɗanɗanawa. Gwaggona, ƙanwar babana, ta sha gaya wa Kaka cewa malamai sun yarda a ɗanɗana a tofar. Kaka ta ce ita ba ta ja da malamai, amma harshen mai azumi ba a karɓar shaidarsa, komai ka ɗora masa cewa zai yi a ƙara sukari. Saboda haka a gidanmu yaron da bai fara azumi ba shi ne harshen tukunya. Ni ce auta, na gaji sarautar daga yayyena, na kuma riƙe ta da izza. Nakan lasa in ɗaga kai sama, in yi shiru kamar alƙali, alhali yarinya ce da ko ɗaurin zane ban iya ba.

A shekarar da nake ba ka labari abubuwa biyu suka haɗu. Na farko, yanar ido ta rufe wa Kaka gani, har ba ta bambance fuska sai an yi magana. A watan Sha'aban ta kai hannu kan butar shayi ta ƙone a tsintsiyar hannu. Babana ya tsorata, ya yanke hukunci cewa ta gama da wuta, dibyaza kuwa bana a sayo na shago. Gwaggo ta ɗauke ludayin iccen da Kaka ke juyi da shi, wanda shekara da shekaru suka rina shi ja, ta ɓoye. Ba mugunta ba ce, ƙauna ce. Amma na ga abin da ƙaunar ta yi wa tsohuwa. Ta koma zama a ƙofar ɗaki da carbi, ba ta tsokanar kowa, ko ni da muke faɗa kullum ta daina kula ni. Mace ce da ta yarda ta rasa ido, amma ba ta yarda ta zama kayan ɗaki ba.

Abu na biyu kuwa, ni ce na fara azumi a shekarar. Na riƙe shi gam, ina zagaya gida da busasshen leɓe don kowa ya gani ya yaba. Tukunya ta rasa mai juyi, ta kuma rasa harshe.

Ana saura kaɗan Sallah, da hantsi, gari ya yi tsit irin na Jidda a azumi. Babana ya tafi aikinsa a tashar jiragen ruwa. Innata da Gwaggo sun kwana yawon karɓo ɗinki a kasuwar Balad, suna ta sharar barci. Sai na ji ana taɓa ƙafata. Kaka ce, ta ɗaure ɗankwali tamau, ta ci ɗamara da mayafi, a hannunta muciyar tuwo. Ashe tun da asuba ta jiƙa zoborodonta a kwano ƙarƙashin gado.

Da na gane abin da take shirin yi, zuciyata ta karye. Na ce, “Kaka, bari in karya azumin in lasa miki. Ba wanda zai sani.”

Ta lalubo kunnena ta ja. “Allah fa? Shi ma barci yake? Riƙe azuminki, ƙawata. Bana ba harshenki nake so ba, idonki za ki ara mini. Yalla, maza kunna wuta.”

Haka muka fara. Ita ke auna komai da tafin hannu, ta sansana kafin ta jefa. Ni ke faɗin abin da na gani. Ta tambaye ni launin ruwan, na ce ja ne. Ta ce ja iri nawa ne a duniya, in buɗe ido in yi magana kamar mai hankali. Na sake dubawa na ce kamar kankana. Ta ce da saura. Can na ce ya koma kamar kafet ɗin masallaci, ta gyaɗa kai ta zuba dabino. Lalle take jira, in ji ta, launin lallen da ya kwana a hannu.

Tsami kuwa, wanda shi ne aikin harshe, ta nuna mini wata hanya da ban taɓa sanin tana da ita ba. Ta kama ƙeyata ta kusantar da fuskata ga tururin.

“Shaƙa. Ina ya taɓa ki?”

Na ji wani abu ya tsunkule ni a muƙamuƙi, yawu ya tsatso. Na gaya mata. Ta ƙara sukari ta juya, ta sake sa ni na shaƙa. Haka muka yi ta yi, har tururin ya daina cizon muƙamuƙina, ya riƙa wucewa maƙogwaro da ɗumi-ɗumin citta. Ta ce to, yanzu tsami da zaƙi sun shirya da juna.

Ana cikin haka ta tsayar da muciya ta karkata kai. Ta ce wuta ta mutu. Na leƙa, wallahi gaskiyarta, gas ya ƙare, ita ta ji kafin ni in gani. Ga tukunya ba ta yi kauri ba, in ta huce a haka aikin ya tashi a banza. Na fara hawaye. Ita kuwa dariya ta yi, irin wadda rabona da ji tun kafin Sha'aban. Ta ce in ɗauko kaskon da ake turaren wuta da shi, da gawayi, mu fita tsakar gida. Da gawayi uwarta ta koya mata, gas baƙo ne. Na hura, hayaƙi ya shige mini ido, rana ta take mu, ga ƙishirwa kamar in mutu. Ta zauna a kujerar tsugunno tana juyi da hannun nan mai tabon ƙuna, tana sauraron tukunya. Tafasar ta tashi daga surutu ta koma wani numfashi mai nauyi, fut, fut. Ta sa na ɗiga a faranti, na ja yatsa a tsakiya, in gaya mata ko hanyar ta rufe. Ba ta rufe ba. Launin kuwa lalle ne sak.

Ƙamshin ne ya tona mana asiri. Gwaggo ta fito da gudu ba ɗankwali, tana salati. Kafin ta gama, sai ga babana ya dawo sallar azahar, ya tarar da uwarsa makauniya a gaban garwashi. Ban taɓa ganin fuskarsa haka ba.

“Inna, haram alaiki, ki ji tsoron Allah! Ba mun ce halas, kin gama da wuta ba? So kike ki ƙone mu shiga uku?”

Kaka ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, “Kai ka ce halas, ni ban ce ba. Ranar Sallah ka ci. In ka ajiye cokali bayan loma ɗaya, na bar wuta har in mutu, ba sai an ɓoye mini ludayi ba.”

Ta watsa gyaɗa, ta rufe tukunya, ta ɗaure bakinta da ƙyalle da wani ƙulli nata, ta ce duk wanda ya kwance za ta sani. Tukunyar ta kwana a firji ba wanda ya taɓa. Ni kuwa ko abincin buɗa baki ban ci da daɗi ba. Da idona aka yi girkin nan. In ya ɓaci, ni na kayar da ita.

Da safiyar Sallah aka sauko daga idi, aka shimfiɗa leda a falo, aka jera cuku da zaitun da halawa da burodi. Dibyazar shago tana gefe a roba, Gwaggo ta sayo saboda ko-ta-kwana. Kaka ta kwance ƙullinta, ƙamshi ya cika ɗakin. Babana ya ɗebo cokali ɗaya ya kai baki. Sai ya ajiye cokalin a kan leda, na ce shi ke nan, mun faɗi. Ashe burodi ya miƙa hannu ya yago, ya jawo kwanon gabansa gaba ɗaya, ya shiga dangwala da hannu kamar yaro, jan yana ɗiga a sabuwar farar rigarsa bai ko kula ba. Yayyena suka kaure da ihu. Innata ta rangaɗa guɗa.

Gwaggo ta lasa, ta sake lasa, ta tashi ta fita. Ta dawo da jan ludayin, ta durƙusa ta sa wa Kaka a cinya da hannu biyu. Kaka ta shafa shi tun daga kai har gindi, ta ce, “Au, ashe yana nan? Na ɗauka shi ma an kai shi gidan tsofaffi.” Ranar har da yamma kwanonin maƙwabta suna zuwa, wasu sau biyu. Robar shago kuwa ko buɗe ta ba a yi ba.

Da aka watse ta jawo ni jikinta, ta raɗa mini, “Gaya mini gaskiya, ya yi kyau a ido?” Na ce ya fi na kowace shekara. Ta yi ajiyar zuciya, ta riƙe hannuna ta daɗe ba ta saki ba. A nan na san ita ma ta ji tsoro. Ta ci gaba da dafa jar dibyaza kowace Sallah har ƙarshen ranta, babana da kansa yake sayo mata gawayi.

Yanzu tsohon gidan babu shi. Ina zaune a bene a unguwar Kurayyat, murhuna na lantarki ne, baki huɗu, zan iya girki da dare in ɗanɗana son raina. Amma da hantsi nake yi, da bakin azumi, da jan ludayin da Gwaggo ta ba ni bayan rasuwar Kaka. 'Yata ta ƙarshe ce harshen tukunya. Tana jin Hausa, amma da Larabci take amsawa, zoborodo ma karkade take ce masa. Nakan ji tsoron abin zai tsaya a kaina.

Bana ta fara azumi. Ta tsaya a ƙofar kicin jiki a sanyaye, tana ganin an tuɓe ta daga sarauta. Na kira ta, na kama ƙeyarta na kusantar da ita ga tururin, na rufe idona, na tambaye ta da Hausa ina ya taɓa ta. Ba ta amsa da kowane harshe ba. Hannuna ta kamo ta ɗora a muƙamuƙinta.

Na ƙara sukari.