Wan Mijina a Gaban Lauya

A shekarun da kuɗin mai ya fara shigowa ƙasarmu, gwamnatocin jihohi sun yi ta kwasar mutane suna turowa Ingila karatu. A cikin wannan ayari na zo London don ƙaro ilimin ungozoma. Na kama ɗaki a Catford, a saman gidan wata tsohuwa 'yar Jamaika, ina aiki a asibiti ina kuma karatu. A nan na haɗu da mijina na yanzu, Bakatsine mai karatun injiniyan ruwa, yana zaune a Peckham da wasu ɗalibai biyu.

Iyayenmu a gida sun amince, baffana ya ce shi zai ɗaura auren a Zariya, mu muna nan. Abin da ya rage shi ne na Turawa. Ofishin gidaje na makarantarsa ya ce ba za a ba shi gidan ma'aurata ba sai ya nuna takardar rajistar aure. Muka shirya cewa za mu fara gamawa da rajistar, sannan a ɗaura na gaskiya a gida, sannan in tare.

Dokar ita ce kowa ya je ofishin unguwarsa ya ba da sanarwa, a liƙa ta a allo mako uku, ko da wani yana da ja. Shi ya je nasa ya fito kafin shayinsa ya huce, in ji shi. Saboda haka ranar da ya raka ni nawa, raina kwance yake. Na riƙe fasfo da takardar asibitin da nake aiki, har ina tunanin abin da zan dafa in mun koma.

Matar da ta karɓe mu dattijuwa ce, tabaronta rataye a wuya da siririyar sarƙa. Ta tambayi sunana, da shekaruna, da sana'ata, da tsawon zamana a gidan da nake. Duk na amsa. Sai ta ce, "Kin taɓa yin aure?"

Na ce, "Na taɓa. Ya rasu."

Ta ajiye alƙalami ta yi mini ta'aziyya, kuma na ga da gaske take. Sannan ta ce, "Sai ki kawo mini takardar shaidar mutuwarsa."

Na dube ta, na dubi wanda zan aura. Mijina na fari malamin makaranta ne. Aurenmu bai cika shekara biyu ba muka je ƙauyensu hutun damina, ciwon ciki ya kama shi, rafi ya cika ya hana mota shigowa. Ya cika da hantsi, kafin la'asar an kai shi. Babu likita, babu wanda ya rubuta komai. Na yi takaba a ɗakin uwarsa, wadda muke kira Iya, daga nan na koma gidanmu, na shiga makarantar jinya a Kaduna.

Na yi wa matar wannan bayani da Turancin da ya riƙa tsere mini. Ta saurara har na gama. Ta ce ta yarda da ni, amma doka ba ta barin ta aurar da mace mai miji, kuma ita ba ta da abin da zai nuna ba ni da shi. Ta ce akwai hanya guda: in sami wanda ya ga gawar da idonsa, ya je gaban lauya ya rantse a rubuce, ita kuma ta aika wa manyanta su duba.

Muka fito ana yayyafi. A cikin bas ya ce, "Abokin zamana ya taɓa ba ni wata shawara. Wai in an sami matsala, ki koma wata unguwa ki zauna kwana biyu, ki je ofishinsu ki ce ba ki taɓa aure ba. Wai wa zai sani?"

Na ce, "Mutumin nan ya rayu. Na dafa masa abinci, na riƙe kansa yana jinya. Ba zan je gaban kowa in ce ba a yi shi ba."

Ya ce, "Na sani. Na riga na gaya masa ba za ki yi ba. Faɗa miki kawai na yi don kada ki ji a bakin wani."

A duk London mutum ɗaya ne ya ga gawar mijina: wansa, uwa ɗaya uba ɗaya, wanda muke kira Yaya. Ma'aikacin gwamnati ne, an turo shi kwas na shekara guda, yana zaune a Plumstead da matarsa. Na san da zuwansu, na ma aika wa matar gaisuwa, amma ban je ba. Duk wadda ta yi aure a ƙasarmu ta san yadda ake tsakanin mace da wan mijinta. Tun da aka kai ni gidansu ban taɓa haɗa ido da shi ba, ban taɓa gaya masa maganar da ta wuce gaisuwa ba. In ya shigo tsakar gida ni ɗaki nake shigewa. Yanzu kuma shi zan je in ce wa ya zo ya rantse ƙaninsa ya mutu, don in auri wani.

Na fara gwada gida. Na rubuta wa babana, amsa ta zo bayan makonni cewa dagacin da aka yi abin a zamaninsa ya rasu, wanda ya gaje shi kuma yana tsoron sa hannu a takardar da za ta tafi ƙasar Turawa. A asibiti ina karɓar haihuwa ina murmushi, in na koma ɗaki abinci ba ya shiga. Mai gidana, tsohuwar 'yar Jamaikan nan, ce ta gaji da ganina haka, ta tare ni a matakala ta ce, "Yarinya, mutumin nan dodo ne? Je ki same shi. In ya ƙi, ai kin san ya ƙi."

Ranar wata Lahadi da rana muka hau jirgin ƙasa zuwa Plumstead. Da muka kai bakin layin gidansu, wanda zan aura ya tsaya ya ce shi kam ba zai iya shiga ba, zai jira ni a nan. Ban ga laifinsa ba.

Matar Yaya ta buɗe ƙofa, ta rungume ni tana faɗan na ƙi zumunci. Shi yana zaune a falo kusa da hita, da babbar riga a kan suwaita. Ya yi furfura fiye da yadda na san shi. Na durƙusa a kan kafet na gaishe shi, na tambayi Iya da mutanen gida. Aka kawo shayi. Na riƙe kofi har ya yi sanyi, bakina ya ƙi buɗewa.

Ya tashi ya ɗaga labule ya leƙa waje. Ya ce, "Wancan da ke tsaye jikin akwatin wasiƙa tun ɗazu, da ke yake?"

Na sunkuyar da kai na ce, "E, Yaya."

"To a shigo da shi mana. Sanyin nan kashe shi zai yi."

Matarsa ta fita ta zo da shi, hancinsa ya yi ja. Ya cire takalmi ya zauna a ƙasa. Yaya ya tambaye shi garinsu, da gidansu, da abin da yake karanta. Daga ƙarshe ni ce dai na faɗi abin da ya kawo mu, idona a kan zanen kafet, ina yi ina tsayawa.

Da na gama, Yaya ya ce, "Duk wasiƙar da Iya ta sa aka rubuto mini, sai ta tambaya ko kin yi aure. Cewa take ɗanta ya tafi ya bar yarinya ƙarama, ita kuma abin yana tsaye mata a rai. Yau zan sami abin da zan gaya mata." Ya juya ga baƙonsa ya ce, "Ka sa a tsayar mana da rana wurin lauyan. Ko wace rana ce zan nemi izini."

Ban san hawaye na zuba ba sai da matarsa ta miƙo mini gefen mayafinta.

Ofishin lauyan yana Rye Lane, a saman wani kantin takalma. Yaya ya riga mu zuwa, cikin kwat, da alwalarsa, ya riƙo Alƙur'aninsa naɗe cikin farin ƙyalle don ya ce bai tabbata za a samu a can ba. Lauyan, wani siririn Bature, ya ce masa ya faɗi abin da ya gani kawai, ba abin da ya ji ba.

A nan na ji abin da ban taɓa ji ba. Mata ba sa zuwa maƙabarta. Ni iyakacin abin da na sani shi ne an fita da shi a makara, na ji sawun maza yana nisa. Yaya ya ce shi ya rufe masa ido. Shi da limamin garin suka yi masa wanka. Ya ce ƙasa ta jiƙe sosai ranar, sai da aka kwashe ruwa daga kabarin da ƙwarya, kuma shi ne ya shiga ya karɓe shi ya kwantar. Ya ce kabarin yana gabas da gari, kusa da wata ɗorawa, kuma duk shekara in ya je gida yakan sa a gyara shi. Duk wannan da Turanci yake faɗa, a hankali, lauyan na rubutawa. Sai da aka ce ya faɗi sunan ƙaninsa harafi-harafi muryarsa ta karye. Lauyan ya ajiye alƙalami ya jira shi. Da Yaya ya gama ya ɗora hannu a kan Alƙur'anin ya rantse, ya sa hannu, aka buga hatimi.

Da muka sauko, ya tsaya a bakin kantin takalman yana gyara hularsa, ya ce mini, ba tare da ya dube ni ba, "Kin riƙe shi da kyau. Mun gani."

Na kai takardar wurin mai tabarau, ta karanta a tsaye, ta ce za ta aika. Daga nan sai jira. Duk lokacin da wayar da ke ƙasan matakala ta yi ƙara sai in leƙo da sauri, kuma kusan kullum 'yar mai gidan ce ke kira daga wani gari. Wata safiya ina wanke kayan aikina a baho na ji tsohuwar tana ƙwala mini kira. Na sauko da kumfa har gwiwar hannu. Muryar mai tabarau ce a wayar: manyanta sun karɓa, in zo in sa hannu a kan sanarwar. Na ajiye wayar na zauna a matakala. Tsohuwar ta ce, "To?" Na gyaɗa kai kawai, ta ɗaga hannuwa sama ta shiga yi wa Allah godiya da irin nata salon.

A cikin mako ukun nan sau ɗaya na je na duba allon. Ga sunana, ga nasa, ga kalmar da ke nuna mijina ya rasu, a tsakanin sanarwar wani direban bas da ta wata mai gyaran gashi. Mutane na wucewa, ba wanda ya ko ɗaga kai. Babu wanda ya yi ja.

Ranar rajistar ana bukatar shaidu biyu. Yaya ne ɗaya, mai gidana ɗaya, ta zo da wata hula mai furanni wadda ta ce sai bikin Ista take sa ta. Abin bai ɗauki lokaci ba. Muka maimaita kalmomin da aka ce mu maimaita, kowa ya sa hannu, mai tabarau ta miƙo mini takardar ta ce a al'adarsu mace ake ba. A waje Yaya ya yi mana addu'a a tsaye a gefen titi, muka shafa, ya duba agogo ya ce yana da lacca.

Da yake sai ranar Juma'a baffana zai ɗaura aure a Zariya, a tashar bas muka rabu. Ango ya nufi Peckham, mai gidana ta wuce kasuwa, ni na hau bas mai zuwa Catford na haye sama na zauna jikin taga. Rabona da barcin kirki har na manta. Ban san inda kaina yake ba sai da kwandasta ya taɓa kafaɗata ya ce an zo ƙarshen hanya. Na leƙa na ga unguwar da ban taɓa gani ba. Na ce masa ba komai, zan zauna a koma da ni.