Fim Ɗin Kawu da Hannuwan Kaka

Jiya a Sabon Gari na ji lugude daga gidan maƙwabta, taɓarya biyu suna amsa wa juna, sai haushin kawuna ya dawo mini sabo fil.

Ina 'yar lakwal, wato makarantar boko, lokacin da ya dawo daga karatun sinima da kamara a kafaɗa, ya ce zai ɗauki fim ɗin kaka, mahaifiyarsa, a gidanmu na Tsibiri. An gama girbi, damman gero jingine ko'ina a tsakar gida. Kaka ba ta taɓa tsayawa gaban mai hoto ba. Kwana biyu tana shiri: kitso, lalle, kwalli, ga zanen saƙi da ta fito da shi daga ƙasan adaka. Fuskarta cike take da zanen Gobirawa, daga gefen baki har kunne, irin wanda yanzu ba a yi wa kowa.

Mutumin nan sai ya ce ta tashi ta yi daka. Ya durƙusa gindin turmi, ya kafa kamara a kan hannuwanta, ya ƙi ɗagowa.

"Kai wanga yaro, mi kaka nema a ƙasa?" in ji kaka. "Ga huskata nan bisa!"

Ya ce fuska tana iya yin ƙarya, hannu ba ya yi. Ku ji mini magana! Mako guda ya yi yana bin hannun nan: yana sussuka, yana sheƙa, yana cura fura. Daga nan ya tafi Jiratawa ya wuni yana ɗaukar ruwa na bin lambatu zuwa fangalin albasa. Ruwa kawai, ba mai magana, ba kiɗa.

Da ya haska mana a bangon zaure, mata suka yi ta jiran a fara, har aka gama. Kaka ta gyara lulluɓi ta ce, "Ashe kwallina na ɓata."

Daminar da ta biyo ta rasu. Muka nemi hotonta ko ɗaya, babu. Mahaifiyata ta yi shekara ba ta gaishe da ƙaninta da daɗin rai ba. Ni ma, wallahi, duk lokacin da na ji ana yabon fim ɗin a ƙasashen waje sai raina ya ɓaci, don kamannin kaka suna ta dushe mini.

Yau kowane jariri yana da hoto ɗari a waya. Da 'yata ta matsa sai ta ga kakar tawa, na buɗe mata fim ɗin, ina mita. Ta kalli yatsun nan suna mulmula fura, babban yatsa a lanƙwashe, ta kamo nawa ta juya shi.

"Inna, ai hannunki ne wannan."

Ban gaya wa kawu ba. Na san abin da zai ce, kuma ba zan iya jurewa ba.