Rufin Gidan Magini

Akwai wani akawu a ofishin ajiyar fayil, hawa na biyu, wanda kowa ke kira Magini, alhali ko cebur bai taɓa riƙewa ba. Shekara ashirin yana shigar da lambobin fayil a tebur ɗaya, ƙarƙashin fanka mai kuka. A gidan haya yake zaune, shi da matarsa da 'ya'ya huɗu.

Intanet ɗin ofishin a ɗaure yake tamau: ba bidiyo, ba hira, ba wasa. To amma kun san shinge ba ya rasa ɓaraka. Wani shafin wasa ya tsira, inda mutum ke yawo a ciki kamar yana wurin, yana jera tubala ya gina abin da ransa ke so. Da hutun rana, minti arba'in, kowa ya fita cin abinci, shi kuwa sai ya hau ginin gida, ɗaki uku da falo. Matsalar ɗaya ce: da an tashi aiki kwamfutar take goge komai. Kullum daga tushe yake farawa, kuma shekara biyu bai taɓa kaiwa rufi ba.

"Magini, yaushe ne tarewa?" in ji mai buga takardu, wadda teburinta ke kallon nasa.

"Lebura nake nema, Yaya. Ko za ki?"

Ran nan mai kula da kwamfutoci ya tsaya a bayansa. "Baba, an gano shafin nan. Gobe ƙarfe biyu zan toshe shi, umarni ne daga sama."

Washegari Magini ko kwanon abincinsa bai buɗe ba. Ya haƙura da falo, ya haƙura da ɗaki biyu, ya tsaya a tsakiyar ɗaya yana tayar da bango ta ko'ina. Saura minti uku biyu ta buga ya ɗora tubalin ƙarshe na rufi. Sai allon ya yi baƙi ƙirin.

"Haba ɗana! Ai biyu ba ta yi ba!"

"Ban taɓa komai ba, Baba." Mai kwamfutoci ya zo ya leƙa. "Ina ka sa ƙofa? Taga fa?"

Babu ƙofa, babu taga.

Mai kwamfutoci ya ce, "Ai a cikin ɗakin kake, ba ta inda haske zai shiga. Kanka ka rufe."

Mai buga takardu ta yi dariya har da tari. "To fasa bango ka fito ka ga gidan naka mana, kafin a toshe!"

Magini ya ɗauke hannu daga linzamin kwamfutar, ya jingina da kujera.

"A'a," ya ce. "Ku bar ni a ciki."

Haka ya zauna yana kallon duhu har ƙarfe biyu ta buga.